Shirun Inna Delu

Cikin shekaru talatin da biyar da na yi ina aikin kotu, ranaku da yawa sun wuce ban riƙe komai nasu ba. Amma ranar da Binta ta shigo ofishina da jaririya a goye, ruwa ya jiƙa ta sharkaf, wannan kam ba ta taɓa fita raina ba. Daminar 1978 ce, ina rajistara mai kula da ɗaukaka ƙara a wata babbar kotun yanki a nan Jos. Tunda ku sababbin ma'aikata kun matsa sai na ba ku labari ɗaya daga cikin aikin, wannan zan ba ku, ko da yake farkonsa ba abin yabo ba ne a gare ni.

Bari in fara da yadda aikin yake, saboda wanda bai sani ba. Idan ƙaramar kotu ta yanke hukunci, wanda bai gamsu ba yana da kwana talatin ya zo wurinmu ya ɗaukaka ƙara. Ni ne ƙofar farko. In karɓi takardarsa, in buɗe fayil, in aika ƙaramar kotun ta turo littafin shari'ar, sannan in zauna in buga duk abin da aka faɗa a tafireta, kwafi huɗu da kabon: na alƙali, na masu shari'a biyu, da na fayil. A wancan zamani lauya ba ya tsayawa a irin kotunanmu, kowa da bakinsa yake zuwa. Akwai kuma ƙa'ida ɗaya da muka haddace tun ranar da muka kama aiki: abin da aka gama da sulhu ba a ɗaukaka ƙara a kansa. Mutum ba zai ce ya yarda jiya ba, yau kuma ya dawo ya ce an zalunce shi.

Abin da ya kawo Binta gida ne a unguwar Dilimi. Mahaifinta, Malam Garba, tsohon hediman ne, wato shugaban leburori, a filin haƙar kuza, ya rasu ya bar gida guda da magada uku: matarsa Inna Delu, ɗansa Alhaji Musa, da ita Binta. Alhaji Musa mai manyan motoci ne, sananne a tashar Laranto. Da aka je rabon gado, ƙaramar kotu ta ce gidan ba zai rabu yadda kowa zai ji daɗi ba. Sai Alhaji Musa ya yi tayin sulhu: ya karɓi gidan gaba ɗaya, ya ba kowa haƙƙinsa, ya rushe ya yi gareji da sito, ita kuma tsohuwa ta koma sabon gidansa a Nasarawa Gwom, inda ya riga ya gina mata ɗaki. Kotu ta rubuta cewa kowa ya amince, ta ba su zuwa ƙarshen damina su kwashe kayansu.

Binta ba ta je kotu ranar sulhun ba, tana wankan jego. Mijinta ne ya wakilce ta, shi kuwa direban Alhaji Musa ne, don haka ba sai na gaya muku abin da ya ce ba. Amma ba don kanta ta zo ba. Ta ce rabonta bai dame ta ba, uwarta ce ba ta yarda ba.

Na karanta 'yar takardar hukuncin da ta kawo, na ga kalmar sulhu, na miƙa mata abarta. A lokacin ina da kaifin baki, kuma ina ji da kaina, don ba a daɗe da ƙara mini girma ba. Na ce mata ta koma gida ta shanya goyonta, abin da aka yi sulhu a kansa ya wuce.

Ta ce, "Malam, Inna ba ta yarda ba."

Na ce, "Ga shi a rubuce."

Ta ce, "Ni ban iya karatu ba, amma na san uwata. Tun ranar ba ta ci abincin kirki ba. Kullum tana bakin rijiya a zaune."

Ta ƙi fita, ta ƙi zama. Ruwa yana ta zuba, jaririya ta fara kuka, kuma saura kwana biyu wa'adin ya cika. Gaskiya ba tausayi ne ya sa na karɓi takardar ba, so nake ta tafi in samu sarari. Na gaya mata ta kawo tsohuwar gobe ta dangwala yatsa, na kuma gargaɗe ta cewa alƙali ba zai ɓata minti biyar ba zai kori ƙarar. Washegari suka zo. Inna Delu 'yar ƙaramar tsohuwa ce, baƙa, mai ƙarfin hannu. Ta gaishe ni da murya garau, ta tambayi iyalina, har ta yi mini faɗa a kan na zauna cikin sanyin Jos babu rigar sanyi. Ta dangwala yatsa suka tafi, ni kuma na manta da su.

Bayan mako biyu littafin shari'a ya iso. Magatakardan ƙaramar kotun, Malam Tanko, abokina ne, tare muka kama aiki. Rubutunsa kamar kaji sun yi tono, amma yana da hali ɗaya mai kyau, abin da ya gani shi yake rubutawa. Na sa takarda a tafireta na fara.

Ku na yanzu inji ke kwafe muku takarda, shafi ɗari ya wuce ta hannunku ba ku san abin da ke ciki ba. Mu dole kowace kalma ta bi ta yatsunmu. Zama biyar aka yi a shari'ar. A zama na farko, ƙarƙashin sunan Delu, na buga, "Ba ta ce komai ba." A na biyu na buga, "Ta yi shiru." Da na zo na uku sai ga tsohuwa ta ɓalle da magana, shafi ɗaya da rabi. Ta ce ɗakuna biyu na baya da rijiyar ba na mijinta ba ne, ita ta gina su da sana'ar tuwon da ta yi wa leburorin kuza shekara da shekaru, da izininsa. Ta ce wani kafinta mai suna Emeka ne ya buga mata kwanon rufi, yana nan da ransa a unguwar, a tambaye shi. Ta ce ita ba inda za ta. A zama na huɗu kuma shiru, ba wanda ya sake ta da maganar, ba a kira kafinta ba. A na biyar, ranar sulhu, ga abin da Malam Tanko ya rubuta: "An tambayi Delu sau uku. Ta juya baya ta rufe fuska. Musa ya ce haka take, ta yarda. Kotu ta karɓa."

Na tsaya da bugu. Matar da ta yi mini faɗan rigar sanyi ba mai ƙarancin magana ba ce. Me ya buɗe bakinta rana ɗaya ya rufe shi kwana huɗu? Na koma kan zama na uku, can sama inda ake rubuta waɗanda suka halarta, wurin da ba wanda ke karantawa. Ga shi nan ƙarara: "Musa bai zo ba, motarsa ta lalace a hanyar Bauchi, ya turo wakili."

Nan take na fara ganewa, domin ni kaina ɗan fari ne. Kakata ce ta yaye ni ta riƙe ni, kamar yadda ake yi a ƙauyenmu. Har mahaifiyata ta bar duniya ban ji sunana a bakinta ba. In na je gaishe ta, bango take kallo ta amsa, in kuwa tana da saƙo sai ta gaya wa ƙanwata alhali ina zaune a wurin. Kunyar ɗan fari ke nan, kuma tsofaffin da suka riƙe ta da gaske ba sa sassautawa don ɗan ya yi furfura.

Na aika masinja Dilimi ya tambayo mini Binta abu ɗaya, ko Alhaji Musa ne ɗan farin Inna. Ya dawo ya ce shi ne, kuma Binta ta yi mamakin tambayar. A wurinta wannan ba labari ba ne, tun tasowarta haka ta ga gidan, shi ya sa bai zo mata a rai ta faɗa ba. Kuma kada ku ce mutanen ƙaramar kotun ba su san al'adar ba. Duk sun san kunya ce ta sa tsohuwa ta rufe fuska. Kuskuren da suka yi shi ne sun ɗauka kunyar amincewa ce, don mun saba in babba ya sunkuyar da kai bai musa ba, sai mu ce ya yarda.

A cikin makon Alhaji Musa ya zo karɓar kwafinsa. Na shirya in ga azzalumi, sai na ga mutum mai ɓacin rai. Ƙato ne, gemunsa ya fara fari, hannunsa duk tabon baƙin mai. Ya ce ya gina wa mahaifiyarsa ɗakin siminti da silin, ya ja mata famfo har ƙofa don ta huta da jan guga, amma ga shi ƙanwarsa ta maka shi a kotu, 'yan tasha suna nuna shi da baki wai ya kori uwarsa. Ya rantse da ya san ba ta so da bai fara ba. Na tambaye shi ko ya taɓa jin ta bakinta. Ya dube ni kamar na yi tambayar wauta, ya ce, "Malam, ni da Inna ai ba ma magana. Amma da ba ta so, da ta nuna." Na miƙa masa kwafinsa kawai, don sauran ba hurumina ba ne.

To, nan ne matsalar take. Rajistara ba ya tsoma baki a cikin shari'a. Aikinsa ya kai fayil ya ajiye ya fita. Alƙalinmu kuwa dattijo ne mai tsanani, a bayan idonsa muna kiransa Mai Jan Biro, don ko waƙafi ka tsallake sai ya zagaye shi da ja ya dawo maka da takardar. Ya taɓa sa an mayar da wani magatakarda ƙauye saboda shisshigi. Ga kuma Malam Tanko, wanda in abin ya fito za a ce kotunsu ta yi sakaci. Na kwana biyu ina juya abin. Daga ƙarshe na yanki 'yan takardu biyu na saƙala, ɗaya a kan zama na uku, ɗaya a kan na biyar, na ja layi da fensir a ƙarƙashin maganar lalacewar mota, na kai fayil na ajiye.

Ba a yi awa ɗaya ba ya buga ƙararrawa. Na shiga na same shi riƙe da takarduna biyu a tafin hannu.

Ya ce, "Rajistara, yaushe aka naɗa ka alƙali ban sani ba?"

Na durƙusa na ce, "Allah ya gafarta Malam, ba a naɗa ni ba. Ni dai ɗan fari ne, kuma Alhaji Musa ma ɗan fari ne."

Ya sa gilashi ya karanta shafin farko, ya karanta na biyu, ya sake komawa. Ni kuwa ina durƙushe ina lissafin yadda zan gaya wa maiɗakina mun koma ƙauye. Can ya ce ya gane, amma akwai cikas. Kotu ba ta sauraron mutum a bayan abokin shari'arsa. In ya fitar da ɗan, hukuncin ba zai tsaya ba, in kuma ya bar shi a ciki, tsohuwa ba za ta yi magana ba, mu koma gidan jiya.

Tunda na riga na jiƙe, sai na ƙarasa. Na ce abin da ake bukata shi ne Alhaji Musa ya ji duk abin da ta faɗa, ya kuma samu damar amsawa, ba dole sai ta gan shi ba. Na tuna masa cewa ɗakin shari'armu yana da taga mai marufin katako dab da teburina, tana kallon baranda, ga benci a ƙarƙashinta. Ya kalle ni ta saman gilashi ya daɗe, sannan ya ce in sa ranar sauraro, in aika wa kafinta sammaci. Da na kai ƙofa ya ƙara da cewa nan gaba in daina ɓata masa fayil da fensir.

Ranar Talata ce, da safe, ana yayyafi. Alƙali ya fara da bayanin cewa kafin a taɓa maganar gida, sai an tabbatar ko an yi sulhu ma tukuna, domin in ɗaya daga cikin magada bai yarda ba, to babu sulhu, ƙofar ɗaukaka ƙara kuma a buɗe take. Inna Delu tana zaune kan tabarma kusa da Binta, tun da ɗanta ya shigo ta juya wa ɗakin baya. Alƙali ya umarci Alhaji Musa ya fita baranda ya zauna ƙarƙashin taga, ya ce in rubuta cewa yana nan yana sauraro. Ran Alhaji Musa ya ɓaci ƙwarai, yana ganin wulaƙanci ne a gaban jama'a, amma ya fita. Na tura marufin tagar na bar shi rabi a buɗe. Daga kujerata ina ganin kafaɗarsa da hularsa, ita kuwa ba ta ganin komai.

Abin da alƙalin ya yi bayan nan shi ya ƙara masa girma a idona. Bai yaudare ta ba. Ya ce, "Inna, ba zan ɓoye miki ba. Ba ya cikin ɗakin nan, amma kunnensa yana nan. Da ni kike magana, ba da shi ba. Kin yarda a rushe gidan Dilimi ki koma Nasarawa Gwom?"

Na san in ta sake yin shiru, ni da ita duk mun faɗi. Sai ta juyo a hankali, ta gyara lulluɓi, ta dubi alƙali.

Ta ce, "Ban yarda ba."

Daga nan kuma sai magana ta zo kamar an buɗe famfo. Ta maimaita duk abin da ta faɗa a zama na uku, ta ƙara da wanda ba ta faɗa ba. Yadda ta riƙa ɗaukar tukunyar tuwo a ka zuwa bakin ramin kuza tun da sassafe. Yadda aka sha wuya kafin a samu ruwa a rijiyar saboda dutse. Yadda matan layin duka suke ɗiban ruwa a wurinta, kuma rabin yaran unguwar ita ta yanke musu cibiya. Ta ce in an kai ta wata unguwa, baƙuwa za ta zama a zaune a kan kujera tana jiran a kawo mata abinci. Duk tsawon maganar ba ta kama sunan ɗanta ba, "yaron nan" take cewa, mutumin da ya ba arba'in baya.

Alƙali ya tambaye ta ko tana ganin yaron ya zalunce ta ne. A nan ne muryarta ta canza. Ta ce Allah ya kiyaye, bai taɓa saɓa mata ba. Ta ce ta je ta ga ɗakin da ya gina mata, ranar da ta san ya yi tafiya, ta shafa bangon da hannunta, tun da take ba wanda ya taɓa yi mata abu mai kyau irin wannan. Ta ce duk motar da ta tsaya a bakin layi ta san ƙarar tasa a cikinsu, kuma in ya yi tafiya ba ta samun natsuwa sai ta ji ta.

Alƙali ya ce, "To me ya hana ki gaya masa ba kya so?"

Ta ce, "Allah ya gafarta Malam, tun da na haife shi ban taɓa ce masa komai ba. Sai kuma maganar farko da zai ji a bakina ta zama a'a?"

Ina rubutu ne, amma sai da na ajiye biro. Na waiga taga. Alhaji Musa ya cire hula ya rufe fuskarsa da ita, kafaɗunsa suna rawa, ruwan indararo yana fantsamo masa a ƙafa bai ma janye ba. Ni ma da na dawo kan takarda sai na ga layukan sun haɗe mini, domin tawa uwar a lokacin shekararta uku da rasuwa, kuma ni ba wanda ya zaunar da ni ƙarƙashin taga.

Alƙali ya ɗaga murya ya tambayi wanda ke baranda ko yana da tambaya ko musu. Alhaji Musa ya ce ba shi da ko ɗaya, duk abin da ta faɗa gaskiya ne, ɗakunan da rijiyar nata ne, yana yaro aka gina su. Nan take alƙali ya soke sulhun farko, ya ce shiru aka rubuta a matsayin yarda. Kafin ya ci gaba, sai muryar Alhaji Musa ta sake shigowa ta taga, yana roƙon a ba shi dama ya yi sabon tayi.

Doka ta yarda da haka. Ko ana tsakiyar ɗaukaka ƙara, ɗaya zai iya miƙa tayin sulhu, kotu ta dakata, a rubuta shi dalla-dalla, a karanta wa kowa, in duk sun amince ya zama hukunci. Alƙali ya ɗage zama zuwa mako guda, ya ce in je gidan da magini da mai unguwa a auna. Mutum ɗaya ne ya bar kotun nan da fushi, Emeka kafinta. Ya tare ni a baranda cikin tsohuwar kwat, ya ce da gurguwar Hausarsa, "Oga Rajistara, ni na rufe shago tun safe, na sa kaya na coci, ba wanda ya tambaye ni komai. Wannan mama, shi ne ya kira ni na buga kwano, ba maigida ba. Ka rubuta." Na ce masa an riga an amsa, bai gamsu ba sai da na yi alkawarin zai riƙe mana bakin tef ranar awo.

Ranar Asabar muka je. Ashe gidan da aka ce ba ya rabuwa yana rabuwa sarai, in an cire abin da ba gado ba. Ɗakuna biyu da rijiya suka fita daga rabo, suka koma hannun mai su. Tumuninta na matar mamaci aka haɗa mata da madafa da tsakar gidan da ke jikin ɗakunanta. Binta ta samu ɗakin da ke kusa, Alhaji Musa ya ɗauki gaba, zaure da shaguna da filin da zai ishe shi sito, garejin kuma ya ce zai nema a Laranto. Za a ja katanga a tsakani, a buɗe wa mata ƙofa ta lungu don masu ɗiban ruwa.

Muna cikin awo Alhaji Musa ya ja ni gefe, yana ta murza hula kamar mai neman aure. Ya ce yana da sharaɗi ɗaya da yake so a sa a takarda, kada magini ya manta ko wani ya toshe daga baya. Yana so a bar taga a jikin katangar, daidai inda Inna take zama da hantsi. Marufin ya kasance ta ɓangarenta, ita ke buɗewa in ta ga dama, shi kuma zai ajiye benci ta nasa ɓangaren. Emeka ya ce shi zai yi marufin, kuma kada wanda ya kawo masa maganar lada.

Na buga takardun rabon gado sun fi a ƙirga, amma wannan ce kaɗai na taɓa buga wa sharaɗin taga. Ranar da aka koma kotu, Alhaji Musa da kansa ya wuce baranda ba a ce masa ba. Na karanta takardar sulhu daga farko har ƙarshe, alƙali ya tambayi kowa ɗaya bayan ɗaya. Da aka zo kan Inna Delu, ta ce, "Na yarda," da ƙarfin da na tabbata an ji har bakin titi. Na rubuta kalmomin nan biyu yadda ta faɗe su, ta dangwala yatsa. Alƙali ya karanta takardar sau biyu yana neman inda zai sa jan biro bai samu ba. Ya sa hannu, ya miƙo mini, ya ce, "Rajistara, aiki ya yi kyau." Shekara shida na yi a ƙarƙashinsa, sau ɗaya ke nan na ji haka daga bakinsa, kuma ranar da ƙafa na tafi gida don daɗi, ban ma tuna da kekena ba sai da na kai.

Malam Tanko ya yi wata guda ba ya amsa gaisuwata. Daga baya na gaya masa gaskiya, cewa ba don ya rubuta abin da idonsa ya gani ba, da ya taƙaita ya ce "ta amince" kawai, da babu abin da zan kama. Muka shirya. Tun daga lokacin, shi da ni, duk shari'ar gado da ta zo sai mun tambayi wa ke jin nauyin wa a cikin magada kafin a shiga ɗaki.

Abin da na koya ke nan, kuma shi nake so ku riƙe. Mutanenmu ba duk abin da ke ransu suke iya faɗa a gaban kowa ba. Akwai mai yin shiru don ya yarda, akwai mai yin shiru don wanda ke tsaye a gabansa ya fi ƙarfin bakinsa, ko don tsoro, ko don ƙauna. Ba aikinku ba ne ku fassara. In mutum ya yi shiru, ku rubuta ya yi shiru, ku rubuta wanda ke ɗakin a lokacin. Kada hannunku ya rubuta "ya yarda" sai kunnenku ya ji. Kuma ku karanta fayil har inda ake jera sunayen mahalarta, don gidan wata tsohuwa yana iya kasancewa a wannan layin.

Bayan kamar shekara biyu na haɗu da Binta a kasuwa, jaririyar nan tana tafe da ƙafarta. Na tambaye ta labarin taga. Ta yi dariya ta ce kullum da hantsi Inna ke buɗe ta, ta zauna ta ba ta baya, ta kira Binta da ƙarfi ko da tana kusa, ta ce a gaya wa mai motar nan ya rage gudu a hanyar Bauchi, kuma tarin nan da yake yi ya nemi magani. Na ce shi kuma fa? Ta ce yana kan bencinsa, ba ya cewa uffan, sai ta gama ya tashi ya tafi tasha.